Akwatin kifi daga Newlyn: kifin kam ya yi, amma ku dinga karanta takardar jikinsa

Jama'a masu ta tambayata kan kifin nan da nake oda daga yankin Cornwall na Ingila, ga bayanin a dunƙule kowa ya karanta ya yanke wa kansa hukunci, don wallahi na gaji da maimaita zance ɗaya a waya. Kamfanin ba zan kama sunansa ba, ba su biya ni kuɗin talla ba kuma akwai inda zan ɗan taɓa su, amma irinsu suna da dama a garin Newlyn kuma tsarin nasu kusan ɗaya ne. Kina shiga shafinsu na intanet ki zaɓi akwati, ko dai ki lissafa kifin da kike so da kanki ko ki bar musu zaɓi su zuba miki abin da teku ta bayar ranar, su kuma da asuba suna kasuwar gwanjon kifi ta bakin kwata suna saye, a yanka a gyara a rufe cikin leda a jera a ƙanƙara, washegari mai kawo saƙo yana ƙwanƙwasa miki ƙofa. Ni dai na bar-musu-zaɓi nake ɗauka kusan kullum, kuma duk abin da zan faɗa a kansa ne.

Abu na farko da mutum zai lura in ya buɗe akwatin shine babu ƙarni. Da gaske nake, babu. Ƙamshin ruwan gishiri ne kawai ke tashi sama-sama, wanda aka aiko ba a cire masa kai ba idonsa tar a waje bai faɗa ba, cikin kunnensa jajir, in ka danna tsokar da yatsa ta dawo daidai nan take. Maigidan da ya fi kowa ƙorafin warin kifi a kicin har yanzu bai ce uffan ba, wanda ya san shi ya san wannan ba ƙaramar shaida bace. Gyaran ma ba laifi, an kankare an cire kayan ciki, wanda aka ce an cire wa ƙaya an cire ɗin, sai dai ɗaya-ɗaya da ba a rasa ba, don haka mai ba yara ta dinga bi da yatsa tukun.

Wanda ya fi yawan zuwa a akwatin kuma wanda ni ya sace zuciyata shine wanda suke kira hake. Dogon kifi ne mai launin toka-toka da baki cike da haƙora, ba kyan gani gare shi ba gaskiya, amma naman fari fat, mai laushi, yana ɓarewa fala-fala in ya dahu kuma akwai wani ɗan zaƙi-zaƙi a ciki da ban taɓa jinsa a na daskarewa ba. Laushin nan nasa kuma shine matsalarsa, in kika jefa shi a kasko haka nan zai dagargaje miki ki rasa gane kansa. Abin da nake yi, in barbaɗa masa gishiri in bar shi kamar rabin awa a firij, tsokar sai ta ɗan ɗaure, in goge ruwan tas, sannan gefen fatar ya fara sauka a mai mai zafi kuma kar a taɓa shi sai ya saki kaskon da kansa. Tafarnuwa, ɗan bota, lemun tsami, an gama. Katin girkin da suka saka a akwatin wai a haɗa shi da wani tsiran naman alade na Sifaniya da farin giya, na ce a kai kasuwa, tumatir da jan tattasai da man zaitun sun wadatar.

Labarin kifin nan ma shine dalilin da yasa na yarda akwai ƙamshin gaskiya a zancen "kamun da ba ya ƙarar da kifi" da suke ta rubutawa a jikin kwali. A shekarun 1990 hake ɗin wannan yanki na Atilantika ya kusa ƙarewa saboda kamun da ake masa babu ji babu gani, har Tarayyar Turai ta fito da shirin farfaɗo da shi a 2004, aka rage yawan da aka yarda a kama aka ƙara faɗin idon raga, kifin kuwa ya dawo. Masuntan Newlyn da ke kama shi suna shimfiɗa raga ne ta tsaya kamar katanga kusa da ƙasan teku, idonta manya yadda ƙanana za su zurare su wuce su je su girma su hayayyafa, manyan jiragen kuma doka ta sa su liƙa wata 'yar na'ura mai ƙara a jikin ragar don dolfin da danginsa su ji su kauce. A 2015 kamun ya samu shaidar MSC, ƙungiyar da ke tantance kamun da ba ya ƙarar da kifi, mai shuɗin tambarin nan mai hoton kifi. Abin dariyar, shekara da shekaru kusan duk hake ɗin da aka sauke a garin mota ake lodawa a wuce da shi Sifaniya don can ne suka san darajarsa, su Turawan Ingila suna nan sun nace wa kifi kala biyar kacal, cod da haddock da salmon da tuna da jatan lande, mafi yawansu ma daga waje ake shigo musu da su. Ƙasa ce da take fitar da mafi yawan abin da ta kama ta sayo mafi yawan abin da take ci, ni har yau abin nan yana ɗaure min kai.

Ga wanda bai san garin ba, Newlyn yana can ƙuryar kudu maso yammacin Ingila ne, manne da Penzance, inda layin dogo ya ƙare kenan, daga Landan sai ka share awa biyar ko fiye a jirgin ƙasa, gaba kaɗan ƙasar ma ta ƙare sai ruwa. Shi yasa za ka ga jiragensu da PZ, wato Penzance, a rubuce a gefe kafin lamba. Tsohuwar kwatarsu ta dutse tana nan tun ƙarni na 15, a 1595 sojojin ruwan Sifaniya suka sauka suka banka wa garin wuta tare da ƙauyen Mousehole da ke kusa da kuma Penzance, mutane suka sake ginawa suka koma su. Kuma wani abu da ya burge ni, duk tsayin dutse ko tudu da ka gani a taswirar Birtaniya an ce mita kaza sama da teku, to daga bakin kwatar Newlyn aka ɗauki ma'aunin, sun yi ta auna hawa da saukar ruwa a wurin daga 1915 zuwa 1921 sannan aka fitar da tsaka-tsakin. Mutanen kuma ba kanwar lasa bane, a watan Mayun 1896 sai da aka turo sojoji garin, dalili kuwa su 'yan gari 'yan cocin Methodist ne ba sa fita su ranar Lahadi, baƙin masunta daga Lowestoft da ke gabashin Ingila kuma ba ruwansu suna fita su dawo ranar Litinin su cinye kasuwa su kaɗai, ranar da tura ta kai bango 'yan gari suka hau jiragen baƙin suka kwashe kifin suka watsa a teku. Na kawo wannan ne don a gane ba wani garin yawon buɗe ido bane da aka ajiye jirage biyu don ɗaukar hoto, har gobe yana cikin manyan tashoshin sauke kifi na Ingila. Kuma nan ne inda zancen zai ɗan juya, amma bari in gama da masu daɗin tukun.

Sadin. Daga wajen ƙarshen bazararsu zuwa cikin hunturu shi ke cika akwatin, kuma ba irin 'yan mitsi-mitsin na gwangwani ba, manya ne masu ƙiba suna ta sheƙi. Shine tsohon arzikin Cornwall gaba ɗaya, da can akwai mutumin da aikinsa kawai ya tsaya a kan dutse yana leƙen teku in ya hango garken kifin ya kwarma ihu jirage su bazama, a zuba masa gishiri a danne a ganguna a kai Italiya inda ake cinsa lokacin azumin Kirista. Farkon ƙarni na 20 harkar ta mutu, kifin ya ja baya masu ci ma suka ja baya, sai a 'yan shekarun nan ta farfaɗo. Yanzu da daddare ake kama shi kusa da gaɓa, ƙananan jirage su zagaye garken da raga su tsuke ta daga ƙasa kamar bakin jaka, ragar ba ta jan ƙasan teku kuma kafin gari ya waye kifin yana kwata. Shima ya samu shaidar MSC tun 2010. Shawarata a kansa ɗaya ce, ranar da ya iso ranar za a ci shi, kifi ne mai mai sosai ba ya jira, in ya kwana biyu a firij cikinsa ya fara fashewa ɗanɗanon ya sauya. Gashi ya fi karɓarsa, wuta mai ƙarfi gishiri mai tsakuwa minti kaɗan kowane gefe. Ƙaya kam akwai ta, mai ƙyuyar tsince ƙaya ya haƙura da shi kawai. Kuma a buɗe taga don gidan zai ɗauka, wannan ba laifin kifin bane.

Mackerel ɗinsu na fatsa ne, wato mutum ɗaya a ɗan ƙaramin jirginsa da zare mai jerin ƙugiyoyi yana ja da hannu, wanda bai kai girma ba a cire a mayar ruwa da ransa. A wajen kamu babu hanyar da ta fi wannan tsafta, kuma a baki ma ana jin bambanci don kifin bai sha matsa a cikin raga ba, tsokar a miƙe take, bayansa kore shar da zane baƙi. Amma ga inda gizo ke saƙar, kifin nan matafiyi ne, garke ɗaya ne ke yawo daga nan har Norway da Iceland da tsibiran Faroe, ƙasashen kuma sun kasa daidaitawa kan yadda za su raba, kowa ya yanka wa kansa kaso, in aka haɗa jimilla sai ta zarce abin da masana suka ce a kama, shekara da shekaru ana haka. Shi yasa a 2019 MSC ta dakatar da shaidarta a kan mackerel na arewa maso gabashin Atilantika. To ka ga bawan Allah mai fatsa a Mount's Bay, ruwan da ke gaban Newlyn, bai yi laifin komai ba, abin da zai kama a shekara wani ƙaton jirgi zai iya kwashe fiye da shi a fita ɗaya, amma kifin da yake kamawa yana cikin matsi duk da haka. Ni ina ci, na fatsar, ba kullum ba. Abin da ban ji daɗi ba shine kamfanin bai taɓa ambatar wannan a takardunsa ba, hoton dattijo da zare a hannu kawai suke nuna maka.

Yanzu ga babban ƙorafina. Kwalin an rubuta masa manya-manya cewa komai na ciki kamun ɗorewa ne daga ƙananan jirage, amma in kika bi ledojin ɗaya bayan ɗaya za ki ga ba duka aka yi wa bayani iri ɗaya ba. Na hake da sadin da mackerel an rubuta komai, har sunan jirgi da lambarsa wani lokacin. Sai ki zo kan monkfish ko megrim ki ga an rubuta "an sauke a Newlyn" da lambar yankin teku, hanyar kamun kuma an cusa ta can ƙasa da ƙananan haruffa ko an dunƙule ta a kalma ɗaya. An sauke a Newlyn ai ba ya nufin komai sai cewa jirgin nan ya tsaya. Tashar tana da 'yan ƙananan jirage masu fita da asuba su dawo da yamma, tana kuma da manya masu yin kusan mako a teku suna jan raga mai ƙaton ƙarfe a baki da sarƙoƙi suna kartar ƙasan teku don su tayar da kifin da ke kwance a yashi, kuma yawancin irin waɗannan kifaye masu kwanciya a ƙasa ta nan suke fitowa. Wannan kamu halal ne a dokarsu, akwai kason da aka yanka musu, akwai wuraren da aka hana su shiga, mutane da yawa a garin da shi suke ci da iyali, ban ce haramun bane. Amma yana shan mai sosai, yana tumurmusa abin da ke ƙasan ruwa, yana kwaso abin da ba a nema ba, kuma ba shi ne hoton da aka saka min a kwali ba. Na tura musu saƙo na tambaya kai tsaye, amsar ta zo da ladabi kuma ba su yi min ƙarya ba, suka ce eh wani monkfish ɗin na jan raga ne wani na ragar shimfiɗa, ya danganta da abin da aka samu a gwanjo. To madalla da gaskiya, amma me yasa sai na tambaya? Dokar ƙasar ta wajabta wa mai sayar da ɗanyen kifi ya faɗi sunan kifin da yankin da aka kama shi da irin kayan kamun da kuma ko an taɓa daskarar da shi, don haka in kun tambaya ba alfarma kuke nema ba.

Duk da haka fa megrim ɗin yana da daɗi, kar in zalunce shi. Faffaɗan kifi ne siriri mai ido biyu a gefe ɗaya, shima kusan dukkansa Sifaniya yake tafiya, sai bayan ficewar Birtaniya daga Tarayyar Turai da takardun kan iyaka suka yi musu yawa a 2021 suka fara lallashin 'yan ƙasa su ci. A gasa shi da ƙashinsa a oven, in an cire tsokar daban bushewa yake. Monkfish kuma jelar kawai ake aikowa, babu ƙananan ƙaya sam sai ƙashi ɗaya a tsakiya, tsoka mai tauri da ba ta narkewa a romo, sai dai a tabbata an ɗaye wata fatar yana mai santsi da ke jikinta in ba haka ba tana tsukewa a wuta ta murɗe naman.

Akwai kifin da ya ɓace daga akwatin gaba ɗaya, pollack, wanda da shine mai sauƙin kuɗi da ake cewa a ci a madadin cod. Masana suka duba suka ce ya ragu sosai, a 2024 aka hana fita nemansa sai dai wanda ya faɗo raga bisa kuskure, kuma waɗanda abin ya fi dukan su ne masu ƙananan jiragen fatsa da suka dogara da shi. Wannan ya nuna min abin da ake kira mai ɗorewa bana ba lallai ya zama shi baɗi ba, don haka duk wanda ya haddace jerin "kifin da ya halatta a ci" shekara biyar da suka wuce ya sake dubawa. Ni shafin Cornwall Good Seafood Guide nake leƙawa, na ƙungiyar kare muhalli ta Cornwall Wildlife Trust ne, suna ba kowane kifi maki gwargwadon hanyar da aka kama shi, kifi ɗaya zai iya samun maki mai kyau a fatsa ya samu mara kyau a jan raga, kuma kyauta ne. Sea bass kuwa in ya zo, wanda ba kasafai ba don tsada, za ki gan shi da 'yar alama mai lamba a maƙale a baki ko kunne, lambar tana kai ki ga masuncin da ya kama shi da fatsa. Doka ba ta yarda a sauke wanda bai kai santimita 42 ba, kuma a watannin Fabrairu da Maris an rufe kamunsa na kasuwa don lokacin hayayyafarsa ne, saboda haka duk wanda ya tallata muku sabon kamu na daji a watannin nan ku yi masa tambayoyi.

Kaguwa suna aikowa a dafe an ɓare, farin nama daban mai ruwan ƙasa daban. Farin ya yi, ɗayan ni bai min ba, yaran ma ko kallo. Da gura ake kama ta, wadda ba ta kai ba a mayar, lobsta mai ɗauke da ƙwai kuma tun 2017 an hana sauke ta a Ingila. A 2025 kaguwar ta yi wuya a yankin don oktofas, dabbar nan mai hannu takwas, sun yi wani irin yawa a ruwan kudu maso yamma suna shiga gurar suna cinye abin ciki kafin mai ita ya zo.

Shi kansa shuɗin tambarin MSC kar a ɗauke shi kamar wahayi. An kafa ƙungiyar a 1997, ƙungiyar kare namun daji ta WWF da kamfanin Unilever ne suka haɗa hannu, bayan abin da ya faru a Kanada a 1992 inda cod ɗin Newfoundland da aka yi ɗaruruwan shekaru ana kamawa ya ƙare ƙaf har gwamnati ta rufe kamun, dubun-dubatar mutane suka wayi gari babu sana'a. Manufar mai kyau ce kuma in na ga tambarin hankalina yana ɗan kwanciya. Amma binciken da ake yi kafin a ba da shi kuɗi ne mai yawa, mai jirgi ɗaya da gura ɗari biyu ba zai iya ba, sannan ƙungiyar tana samun kuɗinta ne daga kamfanonin da ke buga tambarin a kayansu, masu suka sun daɗe suna magana a kan wannan. Ma'ana akwai kifi mai tsaftar kamu da ba shi da tambari, akwai mai tambari da ake ta gardama a kansa. Sunan jirgi da hanyar kamu sun fi gaya min gaskiya.

Wani abu da ya kamata in faɗa don kar wata ta gani ta zubar da kifin fam ashirin a shara, wani lokacin za a ga 'yar siririyar tsutsa a naɗe a tsokar wajen ciki, musamman a hake da monkfish. Ba ruɓewa yayi ba kuma ba ƙazantar kamfani bace, haka kifin daji yake, a teku yake ɗaukowa daga abin da yake ci. A cire da bakin wuƙa a dafa kifin ya dahu har ciki shikenan, wuta tana kashe ta. Masu son cin ɗanye irin na Japan ne ya kamata su fara daskarar da shi sosai tukun. Na san akwai wanda daga karanta wannan ya fasa, to ba komai, gara ka ji daga bakina.

Kawowa kuma yawanci lafiya lau, kafin azahar ya iso ƙanƙarar ko narkewa ba ta gama ba. Amma an taɓa kwana biyu da akwatina a ɗakin ajiyar masu kawo saƙo lokacin zafi, ya iso ruwa tsamo-tsamo, sadin ɗin ya tafi, sauran ma ban yarda da su ba. Na ɗauki hoto na tura, ba su ja zance ba suka sake aiko wani a satin ba tare da na ƙara ko kwabo ba, a nan kam sun ci maki. Sai dai darasin shine a yi oda ta iso tsakiyar mako, kar a bari ta faɗa Juma'a ko Asabar inda in an samu tangarɗa sai Litinin, kuma a tabbata akwai mutum a gida. In iska ta taso a teku kuma jirage ba sa fita, za su turo saƙo su ce an ɗaga ko an canza kifin, wannan ni ban ɗauke shi aibi ba, alama ce ma cewa ba daga firiza suke ciro min ba. Abin da ya fi ci min rai shine shara. Akwatin farin soso, ledoji, jakunkunan ƙanƙarar roba, duk a kan kifin da ake cewa don kare teku ake sayar da shi, kuma motar kwasar shara ta sake-sarrafawa a unguwarmu ba ta karɓar farin soson. Wasu kamfanonin sun koma kwali mai rufin ulu ko takarda, waɗannan har yanzu shiru, na faɗa musu sun ce suna dubawa.

Kuɗi. Akwatin da nake ɗauka yana kamawa fam 50 da ɗoriya har da kuɗin kawowa, yana yi mana ci huɗu zuwa biyar mu da yara in an haɗa da wani abu. Ba araha bane, kar wanda ya ruɗe ku, na daskarewa a babban kanti bai kai rabin haka ba kuma shima abinci ne, mai iyali da yawa da ke lissafin kowane fam ba zan ce masa ya takura kansa ba. Amma in ka san yadda ake samo shi sai bakinka ya yi nauyi wajen cewa ya yi tsada. Kamun kifi na cikin sana'o'in da suka fi kashe mutane a Birtaniya, a bakin ruwan Newlyn akwai mutum-mutumin masunci riƙe da igiya da aka kafa don tunawa da waɗanda suka fita ba su dawo ba, kuma nan kusa da su ne a Disambar 1981 jirgin ceto na Penlee ya fita cikin guguwa don ceto wani jirgin kaya, mutum takwas na cikinsa duk 'yan Mousehole babu wanda ya dawo. Ga tsadar man jirgi, ga kason kamu da mafi yawansa ke hannun manyan kamfanoni alhali ƙananan jirage 'yan ƙasa da mita 10 su ne suka fi yawa a ƙasar nesa ba kusa ba, ga yarjejeniyar da gwamnati ta yi da Tarayyar Turai a Mayun 2025 da ta bar jiragen Turai su ci gaba da kamu a ruwan Birtaniya har 2038, wadda masuntan Cornwall suka yi ta kumfar baki a kai. Ko nawa ne daga fam hamsin ɗina ke isa hannun mai jirgin, wannan tambaya ce da nake so kamfanonin nan su fara amsawa a fili tunda sun iya buga hotonsa a kwali.

In maki ake so, kifin kansa tara cikin goma, gyara da kula da mai saye takwas, bayanin hanyar kamu biyar, marufi uku. Zan ci gaba da saye amma na canza salo, yanzu a wajen rubuta saƙo lokacin oda nake sa musu cewa na fatsa da na gura da na ragar shimfiɗa da sadin kawai nake so, in babu a rage akwatin, kuma suna bi. Wanda zai gwada ya fara da ƙaramin akwati a lokacin sadin, ya share wuri a firiza tun kafin ya iso don hake da monkfish suna jure daskarewa sosai in an nannaɗe su da kyau, masu man kuma a cinye su a ranar.